Alƙalin Babbar Kotun Tarayya: wa ke naɗa shi, kuma me ya haɗa shi da ruwan Yauri?

 

Yau maganar alƙali za mu yi. Na san da an ce alƙali, hankalin yawancinmu yana tafiya ne kan kotun shari'ar Musulunci ta gari, inda ake rabon gado da sasanta aure, ko kotun majistare inda 'yan sanda ke kai wanda suka kama. Akwai wani alƙalin kuma da ba mu cika ganinsa ba, amma sa hannunsa yana isowa har bakin tafki: alƙalin Babbar Kotun Tarayya. Ina so mu duba yadda mutum ke kaiwa ga wannan kujera, wa ke zaɓarsa, da kuma ɗan wurin da aka bar wa ni da kai mu sa baki.

Bari in fara da dalilin da ya sa abin ya shafe mu, don kada wani ya ce wannan zancen 'yan Abuja ne.

Sashe na 251 na kundin tsarin mulkin 1999 shi ya lissafa shari'o'in da Babbar Kotun Tarayya kaɗai ke da hurumin saurara. A cikin lissafin an ambaci Kogin Neja da sunansa. Harkar jiragen ruwa da zirga-zirga a kan Neja da Binuwai da rassansu, hurumin wannan kotu ne. To mu ina muke zaune? A bakin Neja muke. Ku tuna hatsarin jirgin ruwa na watan Mayun 2021 kusa da Wara, jirgin da ya ɗauko mutum fiye da 150, akasarinsu ba su dawo gida ba. Allah Ya jiƙansu. In da iyalan mamatan za su tsaya su tambayi hukumar NIWA mai kula da hanyoyin ruwa a gaban shari'a, su ce ina aikinki, to gaban alƙalin tarayya za su je.

Ba ruwa kaɗai ba. Ma'adinai ma suna cikin lissafin, wato zinaren da yaranmu ke haƙa a yankin Yauri da Ngaski, da rigimar lasisin da ke biyo bayansa. Miyagun ƙwayoyi suna ciki, shi ya sa in jami'an NDLEA suka kama yaro da tiramadol, can ake gurfanar da shi. Makamai suna ciki. Ƙarar da ke ƙalubalantar matakin gwamnatin tarayya ko wata hukumarta tana ciki, kuma HYPPADEC da aka kafa saboda al'ummomin da madatsun ruwa irin Kainji suka shafa, hukumar tarayya ce. Dokar zaɓe ta 2022 kuma ta ɗora wa wannan kotu rigimar zaɓen fid da gwani. In aka murɗe wa ɗan takara tikiti a mazaɓar Yauri, Shanga da Ngaski, alƙalin tarayya ne zai fara cewa ga mai gaskiya.

Amma a kula, rikicin gona ko fili tsakaninka da maƙwabcinka ba nata ba ne, gado da aure ma haka. Kada wani ya ɗauki takardar gonarsa ya nufi can.

Reshen kotun da ke jiharmu yana Birnin Kebbi. Daga Yelwa sai ka bi ta Koko, ka kai Jega, ka ratsa Kalgo kafin ka shiga gari. Kalgo ɗin nan ma garin Mai shari'a Umaru Atu Kalgo ne, wanda ya kai har Kotun Ƙoli ya yi ritaya a 2007, don haka jihar nan ta taɓa fitar da manya a wannan fanni. Duk wanda ya taɓa raka ɗan uwa shari'a ya san kuɗin motar da wahalar hanyar, kuma ya san zafin a ce an ɗage zama bayan ka kwana a tasha.

Kotun kanta ba tsohuwa ba ce sosai. A 1973, zamanin Janar Gowon, aka kafa ta a matsayin kotun harajin tarayya. Tsarin mulkin 1979 ya sauya mata suna zuwa wanda muka sani yanzu, sojoji suka faɗaɗa huruminta a 1993, tsarin mulkin 1999 ya gaji wannan faɗin. Kotu ɗaya ce a duk ƙasar, mai Babban Alƙali ɗaya, rassa ne kawai take da su a jihohi. Ma'ana alƙalin da ke zaune a Birnin Kebbi bana, baɗi ana iya mayar da shi Fatakwal, a kawo mana wani daga Legas. Doka ta ƙayyade yawan alƙalanta zuwa 100.

To, yaya ake zama ɗaya daga cikinsu?

Sharaɗin da tsarin mulki ya gindaya a sashe na 250 gajere ne ƙwarai: ka zama lauyan da aka rantsar a Najeriya, ka yi aƙalla shekara 10 da rantsarwar. Shi ke nan. Mu yi lissafi. Yarinya ta gama sakandare a Yelwa tana da shekara 18, ta samu gurbin karatun lauya a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo ko Ahmadu Bello ko Bayero. Shekara 5 a jami'a, in ba a yi yajin aiki ba, kun san halin da ake ciki. Shekara 1 a makarantar horar da lauyoyi, ko Bagauda ko Bwari ko wani reshen. An rantsar da ita tana da 24. Sai ta ƙirga 10. Mafi sauri ke nan, tana da shekara 34 za ta cancanci a duba sunanta. A aikace kuwa yawanci sai sun wuce haka nesa.

Bari in ba ku misali da mutum guda, don abin ya fito fili. Mai shari'a Binta Fatima Nyako 'yar jihar Katsina ce, an haife ta a 1959. Ta karanta lauya a Jami'ar Ahmadu Bello da ke Zariya. Ta yi aikin lauyar gwamnati a ma'aikatar shari'a, ta hau matakai har ta zama Kwamishiniyar Shari'a kuma Babbar Lauyar jihar Katsina a zamanin mulkin soja. Sai a shekarar 2000 aka naɗa ta alƙaliyar Babbar Kotun Tarayya, tana da shekara 41, wajen shekara 20 bayan gama digirinta. A 2023 aka zaɓe ta shugabar ƙungiyar mata alƙalai ta duniya a taron da aka yi a Maroko. Masu cewa karatun 'ya mace ƙarshensa ɗakin girki, ga amsarku.

Yawancinku kun san sunanta ne ta shari'ar Nnamdi Kanu. Ita ta ba shi beli a watan Afrilun 2017 bisa dalilin rashin lafiya, ita ta soke belin bayan ya bar ƙasar, gabanta aka dawo da shi a 2021. A watan Satumban 2024 ya miƙe a cikin kotu ya ce ba shi da sauran amana da ita, ta tsame hannunta, daga baya aka miƙa shari'ar ga Mai shari'a James Omotosho. Lokacin da ta ba da beli wasu sun zage ta, lokacin da ta hana wasu daban suka zage ta. Kujerar haka take.

Amma abin da ya sa na zaɓe ta a shirin yau yana tsallaken tafkinmu ne. A barikin soja na Wawa, ƙasar Borgu, kusa da Sabuwar Bussa, gwamnati ta tsare mutum fiye da 1,600 da ake zargi da alaƙa da Boko Haram, wasu sun shekara da shekaru ba su ga alƙali ba. A watan Oktoban 2017 aka kwashi alƙalan Babbar Kotun Tarayya aka kai su cikin barikin, aka mayar da ɗakuna kotu. A zagayen farko an ɗaure mutum 45, aka sallami 468. An ci gaba da irin wannan zama a shekarun da suka biyo baya, kuma Mai shari'a Binta tana cikin alƙalan da suka yi aikin.

Ku tsaya ku ji wannan adadin da kyau: 468. Mutum ɗari huɗu da sittin da takwas da aka ce babu hujjar ci gaba da tuhumarsu. Kowane ɗaya yana da uwa, da yawa suna da mata da 'ya'ya. Abin da ya tsaya tsakaninsu da ci gaba da zaman bariki shi ne alƙalin da ya buɗe fayil ya ce ba na ganin shaida a nan. A ɗaya gefen kuma ƙungiyoyin kare haƙƙin ɗan Adam, irin su Human Rights Watch, sun soki zaman: an fara shi a asirce, wasu shari'o'in 'yan mintuna kawai suka ɗauka, an dogara da ikirarin wanda ake tuhuma, lauyoyin da ke kare su ba su samu lokacin ganawa da su yadda ya kamata ba, tafinta ma ya yi ƙaranci. Ni a ganina duka biyun gaskiya ne, kuma duka biyun suna nuna abu ɗaya. In shari'ar rayuwar mutum za ta ƙare cikin minti goma sha biyar, to halin wanda ke kan kujerar shi ne kusan komai. Mai haƙuri ne ko mai gaggawa? Zai tambayi wanda ake tuhuma ko ya fahimci abin da aka karanta masa? Zai iya kallon lauyan gwamnati ya ce masa a'a?

Maganar tafinta ta taɓa ni, domin da Turanci ake shari'a a wannan kotu. Ka ɗauki masunci Bagunge ko manomi Bakambare wanda Hausar ma aro ya yi, ka tsayar da shi a gaban mai hular gashi. Tsarin mulki ya ba shi haƙƙin tafinta kyauta in ana tuhumarsa da laifi. Amma haƙƙin da ke kan takarda sai alƙali ya tsaya a kansa yake zama haƙƙi.

Yanzu mu zo kan naɗin kansa, a nan ne gizo ke saƙar.

In gurabe suka samu, Babban Alƙalin kotun yana neman izinin Majalisar Shari'a ta Ƙasa, wato NJC, kan adadin da za a ɗauka. Sai a yi shela, masu sha'awa su nema, a kuma nemi manyan alƙalai da ƙungiyar lauyoyi su ba da sunaye da shaidar hali. Ana duba rabon jihohi, don kada wata jiha ta cika kotun wata ba ta da kowa. Mai nema zai kawo kwafin hukunce-hukuncen shari'o'in da ya yi, a duba lafiyarsa, hukumar DSS ta rubuto rahoto a kansa. Hukumar Kula da Ma'aikatan Shari'a ta Tarayya, FJSC, ita ke tace sunaye ta miƙa wa NJC. NJC ta yi musu tambayoyi baki da baki, ta zaɓa, ta aika wa shugaban ƙasa. Shugaban ƙasa ya sa hannu, Alƙalin Alƙalai ya rantsar. Haka aka rantsar da sabbin alƙalai 23 a watan Oktoban 2023.

Kun lura da wanda babu a cikin jerin nan? Majalisar Dattawa. Babban Alƙalin kotun ne kawai ake kai sunansa gabanta. Sauran alƙalan ba sa tsayawa gaban kowane zaɓaɓɓen wakili.

A Amurka ba haka ba ne. Can alƙalin gundumar tarayya, wanda shi ne takwaran namu, shugaban ƙasa ke ba da sunansa, kwamitin shari'a na Majalisar Dattawa ya zaunar da shi a bainar jama'a, a tono tsofaffin rubuce-rubucensa, a yi masa tambayoyi ana haskawa a talabijin, sannan a kaɗa ƙuri'a. Haka Zahid Quraishi ya zama Musulmi na farko a wannan kujera a 2021 da ƙuri'a 81 da 16. Nusrat Choudhury, mace Musulma ta farko, da ƙyar ta sha a 2023, 50 da 49. Ba ina cewa tsarinsu ya fi ba. Siyasar jam'iyya ta cinye shi, kuma kujerar ta har abada ce sai mutuwa ko murabus ko tsigewa. Ni kaina in aka ce a miƙa wa sanatocinmu wuƙa da nama kan naɗin alƙalai, sai na yi tunani sau biyu. Abin da nake sha'awa a nasu guda ɗaya ne: kafin mutum ya hau, jama'a sun san sunansa, sun ji muryarsa.

Mu namu alƙalai ne ke zaɓar alƙalai. An yi hakan da niyya mai kyau, don a nisanta kotu daga 'yan siyasa. Amma ku duba yadda aka gina NJC. Mutum 24 ne. Alƙalin Alƙalai ne shugaba, kuma 19 daga cikinsu ta hannunsa suke shiga, ko da yake 5 na ƙungiyar lauyoyi ita ke ba shi sunayensu. FJSC mai tace sunayen ma shi ne shugabanta. Wato mai tacewa da mai amincewa duk ƙarƙashin mutum ɗaya suke. In an yi dace da mutumin kirki, alhamdu lillahi. In ba a yi ba fa?

Shi ya sa ƙorafin 'ya'yan wane da matan wane ya ƙi mutuwa. A 2020 NJC ta aika sunaye 33 don Babbar Kotun Birnin Tarayya Abuja, wadda kotu ce daban da wadda muke magana a kai amma hanyar naɗin kusan ɗaya ce. Wasu lauyoyi suka fito suka ce da yawa a jerin dangin manyan alƙalai ne, wasu kuma ba su cika ƙa'ida ba. Shugaba Buhari ya fara amincewa da 11 kawai. A yi adalci, zama ɗan alƙali ba laifi ba ne, akwai 'ya'yan alƙalai masu ƙwazo na gaske. Matsalar ita ce ɗan masunci daga Wara da ya fita da sakamako mai kyau, ya yi shekara 15 yana aikin lauya, wa zai rubuta masa takardar shaida? Wane babban alƙali ya san shi? Mai uwa a gindin murhu ba ya cin tuwo gaya, mu kuma tamu uwar tana bakin ruwa tana shanya kifi.

Kuma in an naɗa, an naɗa ke nan. Da, alƙalin babbar kotu yana ritaya a shekara 65. A watan Yunin 2023 Shugaba Tinubu ya sa hannu kan gyaran da ya mayar da ita 70. Wanda ya hau yana da 42 zai iya yin shekara 28 a kan kujera, wa'adin gwamna bakwai ke nan. Cire shi kuma sai NJC ta bincika ta ba shugaban ƙasa shawara. Kansila muna iya kayar da shi, ɗan majalisa muna iya juya masa baya bayan shekara huɗu. Wannan kuwa sai dai ɗaukaka ƙara, in kana da kuɗin lauya.

Wanda yake ganin na cika baki, ya tuna rikicin masarautar Kano na 2024. Babbar Kotun Tarayya a Kano ta ba da umarni, babbar kotun jiha ta ba da nata mai karo da shi, gari ya kwana da sarki biyu, jami'an tsaro kowa yana riƙe da takardar da ta yi masa daɗi. Har Alƙalin Alƙalai ya kira shugabannin kotunan biyu. A watan Janairun 2025 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce maganar sarauta ba hurumin kotun tarayya ba ce tun farko. Ba na shiga ɓangaren kowa a rigimar, amma wata bakwai da 'yan kai ana zaman ɗarɗar kafin a ji wannan.

To ina wurin namu? A 2025, ƙarƙashin Alƙaliyar Alƙalai Kudirat Kekere-Ekun, NJC ta yanke cewa za a riƙa wallafa sunayen waɗanda ake shirin naɗawa, a ba jama'a kwana 14 su faɗi abin da suka sani game da gaskiyarsu da halinsu da cancantarsu. Ƙofa ce ƙarama, amma da babu ita gaba ɗaya.

Sai dai a gane yadda ake shigarta. Zagi a Facebook ba ƙorafi ba ne. Rubutawa ake yi, da sunanka, ka faɗi takamaiman abin da ya faru, a ina, yaushe, ka haɗa da takardar rantsuwa daga kotu cewa gaskiya ka faɗa. In majistare ne ya taɓa karɓar kuɗi a gabanka, ko lauya ne ya cinye kuɗin diyyar marayu kuma akwai takarda, wannan shi ake nema. In jita-jita ce ka ji a majalisar mai shayi, riƙe abinka, domin rantsuwa kan ƙarya laifi ce, kuma ɓata sunan bawan Allah zunubi ne. Haka kuma in ka san mutumin kirki ne, ya taɓa tsayawa wa talaka ba tare da ko sisi ba, wannan ma shaida ce, a rubuta.

Kwana 14 ba yawa, kuma sanarwar da Turanci take fitowa a jaridu da shafin hukumar. Kafin labari ya iso Shanga wa'adi ya wuce. Don haka ga abin da wannan shafi zai yi: duk lokacin da aka fitar da jeri, za mu ɗauko sunayen da suka fito daga jihar Kebbi mu sa a nan da Hausa, da ranar rufewa, da adireshin da hukumar ta bayar. Ƙungiyoyin ɗalibai da na matasan masarautar Yauri, ku taya mu yaɗawa. Lauyoyinmu matasa, muna roƙon mutum biyu ko uku su ba da lokacinsu don nuna wa mai ƙorafi na gaskiya yadda ake rubuta takardar rantsuwa.

Sannan wata tambaya da nake so wakilanmu su ɗauka: a cikin alƙalan tarayya da ake lissafawa a kason jihar Kebbi, a fito da jerin a gani, kowanne daga wace masarauta ya fito, Gwandu, Argungu, Yauri ko Zuru. Tambaya ce da ɗan majalisa zai iya yi da wasiƙa ɗaya. In muna ciki, mu san su, yaranmu su yi koyi da su. In ba ma ciki, mu san ko hana mu aka yi ko kuwa ba mu da isassun lauyoyin da suka cika shekara 10, domin maganin kowanne daban ne. Na biyun maganinsa yana aji uku na babbar sakandare, wurin yaron da ke son karatun lauya amma babu mai gaya masa sai da adabin Turanci a sakamakonsa, da wurin mai kuɗin garin da zai iya ɗaukar nauyin makarantar lauyoyi ta yaro ɗaya a shekara.

A nan za mu dakata. Wanda ya taɓa zuwa kotun tarayya ta Birnin Kebbi, ko shaida ko rakiya, ya rubuto mana a ƙasa sau nawa aka ɗage shari'ar da nawa ya kashe a mota, ba sai ya ambaci sunan kowa ba. Da su za mu buɗe shiri na gaba, inda za mu duba belin kotun tarayya da sharuɗɗan da ake gindaya wa mai tsaya wa mutum.